Beyar a Bangon Ƙofar Gida: Yadda Aikin Majigina Yake Tafiya

Asabar, 4 ga Janairu

Kaya sun iso jiya bayan la'asar, kwali biyu. Ɗaya majigin ne, ɗaya kuma gwangwanayen fim uku da ɗan ƙarfen haɗa fim in ya tsinke, da salatif ɗinsa na musamman guda 20. Ɗan baffana da ke karatu a Amurka ne ya tsince su a gwanjon wani ɗakin karatu da ke rabuwa da tsofaffin kayansa. Ya ce yana ganin injin na faɗo masa a rai, don tun muna yara ni ne mai kwance rediyon gida in kasa mayarwa. Shi ya saya, ni na biya kuɗin kawowa, naira 118,000. Uwargida ta ji kuɗin, ta dubi kwalin, ta dube ni, ta koma kicin. Da faɗa ta yi da ya fi mini sauƙi.

Fim ɗin mai faɗin milimita 16 ne, irin wanda motocin majigi ke yawo da shi gari-gari tun zamanin Turawa. Gwangwani ɗaya Bear Country ne na kamfanin Disney, na 1953, wajen minti 33. Sauran biyun fim guda ne aka raba, Grizzly! na National Geographic, na 1967. Duka biyun a gandun dajin Yellowstone na Amurka aka ɗauke su, kuma duka a kan beyar, wata babbar dabbar daji mai gashi da farce.

Niyyata kafin azumi in haska su a bangon ƙofar gidanmu, in riƙe makirufo ina bayani da Hausa fim yana tafiya, yadda masu majigin da suke yi. Ba naɗa, ba sayarwa; fim na masu shi ne. Mako takwas gare ni.

Laraba, 8 ga Janairu

Na sayo taransifoma mai rage wuta, mai wat 1,000, naira 46,000. Injin wutar Amurka ya sani, bolt 120; ka soka shi a tamu ta 230 sai dai ka ga hayaƙi. Ƙaramin buroshi, kyallen auduga, man keken ɗinki da sifirit, 5,500. Ban kunna komai ba tukuna.

Asabar, 11 ga Janairu

Hazo ya sauko sosai, don haka sai da na rufe tagogi na yayyafa wa daɓen ruwa kafin in buɗe gwangwanayen. Ƙwayar ƙura ɗaya in ta maƙale a ƙofar haske, wato inda fim ke wucewa a gaban fitila, za ta ja wa fim layi daga farko har ƙarshe.

Na Disney lafiya lau. Na ɗaga shi a hasken fitila, kore yana nan, shuɗin sama yana nan, sai ka ce bara aka buga shi. A gefensa an rubuta Technicolor, wato irin bugun da ake danna rini a jikin fim, ba ya zuba. Grizzly! kuwa ya zama ja baki ɗaya. Dutse ja, ruwa ja, beyar ja. Irin nasa bugun shuɗin ne ke fara gudu ya bar jan shi kaɗai, kamar atamfar da ta sha wanki da rana. Wannan ba shi da magani a majigi, haka za mu kalla.

Abin da ya tayar mini da hankali gwangwani na uku. Ina ɗaga murfin wari ya buge ni, warin ruwan kal sak. Cuta ce ta irin wannan fim: zafi da laima su sa jikinsa ya fara ruɓewa yana fitar da tsami, ya motse, ya kanannaɗe, ramukan gefensa su daina dacewa da haƙoran injin. Ba ta warkewa, sanyi kawai ke rage mata gudu, kuma tururinta yana harbin na kusa. Na kai shi ɗakin ajiya shi kaɗai, murfi a buɗe, kamar mai ƙyanda.

Tsohon mai kayan ya yi haɗi shida a jikin Bear Country da salatif ɗin takarda, duk sun narke sun yi danƙo. Na goge na sake su. Saura 14.

Lahadi, 12 ga Janairu

Ya tashi! Fitila ta kama, faifai ya juya, beyar ya fito a bangon falo. Yara suka yi ihu.

Murna ba ta yi nisa ba. Muryar mai bayanin ta fito ƙasa-ƙasa, a jajjaye, kamar wanda mura ta kwantar, kiɗan kuma yana jan ƙafa. Na ɗauka bel ne ya saki. Na duba agogo: fim ɗin minti 33 ya cinye kusan 40.

Talata, 14 ga Janairu

Na ɗora injin a babur zuwa wajen wani dattijo mai gyaran rediyo. Bai ko kwance shi ba, bayan injin ya karanta ya ce, "Malam, ƙarfin wuta ka rage, ba ka canja bugunta ba." Wutar Amurka sau 60 take kai-komo a daƙiƙa, tamu sau 50, kuma motar wannan injin da bugun wuta take tafiya. Maimakon hoto 24 a daƙiƙa, 20 yake ja. Na yi lissafi a kan gwiwata, 33 sau shida a raba biyar, ga 40 ɗina nan. Taransifoma ba ruwanta da wannan.

Ya ce a sassaƙa sabon fule, wato ƙarfen da bel ke hawa a bakin motar, wanda ya fi tsohon da kashi ɗaya cikin biyar. Tsohon milimita 25 ne, sabon ya zama 30. Ya kuma ja kunnena cewa fankar sanyaya fitila ita ma tana jikin motar, iskarta ba za ta kai yadda aka tsara ba. Na ce to. Na ba shi 3,000.

Asabar, 18 ga Janairu

Fule na farko, 8,000, ramin tsakiyarsa ya yi faɗi, yana rawa. Yaron shagon ya ce in cusa masa takardar sigari. Na ƙi. Na biyu 5,000, sabon bel 2,500. Minti 33 da 'yan daƙiƙu. Alhamdu lillahi.

Asabar, 25 ga Janairu

Na fara rubuta bayani, nan da nan na ci karo da sunan dabbar. Beyar muke cewa, amma aro ne, kuma wanda bai yi boko ba ba ya ganin komai a ransa in ka faɗa. Ba laifinmu ba ne. Cikin iri takwas da ke duniya babu ko ɗaya a Afirka yau. Wanda aka taɓa yi a tsaunukan Atlas na Maroko da Aljeriya ya ƙare tun ƙarni na 19, bai kuma taɓa tsallako Sahara ba.

Baffa ya shigo gaisuwa ya tarar ina haskawa. Ya haura tamanin, kuma ya ga majigi na ainihi yana yaro a ƙofar fada, na noman auduga da na rigakafi. Ya zauna ya ƙura ido, har wajen da beyar ke tone ƙasa da farce. Ya ce, "Kai yaro, ai wannan dage ne da ya ƙoshi." Na ce, "Baffa, ya fi dage sau nawa." Ya ce, "To uban dage." Gaskiya ya fi ni kusa. Wanda ya san dage, da tononsa da son zumarsa da taurin ransa, ya riga ya kama hanya. Kura da na so in kwatanta da ita ba ta shiga ba ko kaɗan, sai a maganar juji, ita ma sai a fim na biyu.

Zan ce beyar, in ƙara da maganar Baffa sau ɗaya a farko.

Wata matsalar: murya da kiɗa a layi ɗaya suke a gefen fim, ɗan ƙwan fitila ne ke karanta su tare. Ba yadda zan kashe Turancin in bar kiɗan. Sai dai in rage sauti in hau kansa.

Alhamis, 30 ga Janairu

Dare uku ina sauraron mai bayanin Bear Country, Winston Hibler, ina rubuta abin da ya ce, kuma ga ni na tsaya cak. Ba Turancin ne ya gagare ni ba.

Fim ɗin gwanin kyau ne, ba a banza ya ci kyautar Oscar ta gajeren fim ba, kuma tare da katun ɗin Peter Pan aka fara nuna shi a silima. James Algar da ya shirya shi ya san inda dariya take. Akwai wajen da aka jera beyar iri-iri suna susar baya da bishiya, aka ɗora kiɗa daidai da kowace susa, sai ka rantse rawa suke. Uwa malama ce, 'ya'ya ɗalibai marasa ji, kowa da halinsa irin na mutane. Kuma duk tsawon fim ɗin ba mutum, ba mota, ba kwalta.

Nan gizo ke saƙar. Yellowstone ta wancan lokacin cike take da motoci, kuma baƙaƙen beyar ɗin nan a bakin titi suke tsayawa suna bara, 'yan yawon buɗe ido na miƙa musu burodi ta taga. Daga 1931 zuwa 1969, kusan mutum 48 beyar ke ji wa rauni kowace shekara a gandun. Mai kyamara ya juya wa titin baya ya ɗauki daji.

Ban ce an shirya wani abu na ƙarya a wannan fim ba. Amma kamfanin yana da tabo a wani. White Wilderness na 1958, shi ma ya ci Oscar, a cikinsa ne aka nuna wasu ƙananan ɓeraye da ake kira lemin wai suna faɗa wa teku da kansu. A 1982 gidan talabijin na CBC a Kanada ya bankaɗo cewa kawo su aka yi jihar Alberta, aka ingiza su daga gaɓa zuwa kogin Bow, ba teku ba. Ɗan farin beyar da ke gangarowa daga tudun ƙanƙara yana wuntsila, wanda 'yan kallo ke ƙyalƙyala wa dariya, a ɗakin ɗaukar fim aka yi shi a Calgary. Na kalli wajen a waya sau biyu, na biyun ban yi dariya ba.

To ni da zan tsaya da makirufo, maganar wa zan faɗa? In na bi Hibler kalma-kalma, tatsuniya zan ba yara da sunan ilimi, ga shi ba su da wani beyar da za su gwada da shi. Na yaga shafi biyar. Abin da ido ke gani zan faɗa, in ƙara da abin da kyamara ta ɓoye. Wajen susar kuwa shiru zan yi in ƙara kiɗa. Wannan ba na iya gyara shi, kuma ba na so.

Asabar, 1 ga Fabrairu

Ranar baƙin ciki. Ba wuta, na tayar da janareta, fetur 3,000. Ina cikin gwaji janareta ya yi tari, injin ya sassauta, madaukin fim na ƙasa ya ɓace, hoto ya tsaya. Kafin hannuna ya kai makunni, na ga wani ɗigo ruwan ƙasa ya buɗe a tsakiyar bangon, ya faɗaɗa ya cinye fuskar ɗan beyar. Daƙiƙa biyu ba su cika ba. Kwan fitilar wat 250 ne, ga iskar da dattijo ya gargaɗe ni a kanta. Allah ya taimaka fim mai milimita 16 narkewa yake, ba ya kamawa da wuta irin na manyan silima na da.

Hoto ɗaya ya ƙone, amma haƙoran injin sun yayyaga ramukan gefe na wajen hoto 30. Na yanke su da reza, hannuna yana rawa. Daƙiƙa ɗaya da 'yan kai ta tafi har abada, daga fim ɗin da ya shekara aru-aru a hannun wasu bai rasa ta ba. Da na sake haskawa na lura da wani abu: hoton ya yi tsalle tukuna, sai bayan kamar daƙiƙa ɗaya sautin ya yi nasa. Ashe sauti yana gaban hotonsa da hoto 26 a jikin fim, shi ya sa yanka ɗaya yake fitowa sau biyu.

Doka daga yau: ba firji ba dutsen guga a kan janareta in majigi na aiki, kuma yatsana a kan makunnin fitila. Salatif saura 13.

Laraba, 5 ga Fabrairu

Goge ƙofar haske, goge madubi. Ba abin faɗa.

Asabar, 8 ga Fabrairu

Faifan farko na Grizzly!, da janinsa da komai. Shekara 14 ce tsakaninsa da na Disney, daji ɗaya, amma kamar wata duniya. Nan mutane ne a gaba: tagwaye Frank da John Craighead, masana dabbobi da suka bi girizili, wato babban beyar mai tozo, daga 1959 zuwa 1971. Su harbe shi da allurar barci, su auna nauyinsa, su saka masa alama a kunne, wasu su ɗaura musu abin wuya mai rediyo, sannan su bi sautin da eriya a hannu cikin tsaunuka. A 1961 suka fara ɗaura wa wata mace da suka sa wa suna Marian. Ta haka suka riƙa gano ramukan da suke shiga barcin hunturu.

Abin da ya sa suke samun su da yawa a waje ɗaya shi ne juji. Sharar otal-otal da sansanonin gandun a fili ake zubarwa, girizili su taru a kai kamar kuraye a bayan mahauta. A shekarar da fim ɗin ya fito, cikin Agusta, girizili biyu suka kashe 'yan mata biyu a dare ɗaya a wani gandun Amurka mai suna Glacier, wurare daban, kuma sabo da abincin mutane yana cikin dalilan. Hukumar gandu ta ce a rufe juji. Tagwayen suka ce a bi a hankali, dabbar da ta gaji juji kaka da kakanni in ka yanke mata rana ɗaya tantunan mutane za ta nufa. Hukuma ta rufe da gaggawa a wajen 1970, ta hana ba beyar abinci, aka yi baram-baram, binciken ya tsaya. An kashe girizili masu yawa a shekarun da suka biyo, har a 1975 aka sa shi cikin dabbobin da doka ta kare a jihohin Amurka 48 da ke manne da juna.

Duk wannan bayan an ɗauki fim ɗin ya faru, don haka babu shi a ciki. Ni zan faɗa. Wa ya fi gaskiya? A ganina tagwayen sun faɗi daidai a kan abin da zai biyo baya nan kusa, hukuma kuma ba ta yi kuskure ba da ta ce juji ba wajen dabbar daji ba ne. Baffa ya ce in bar wannan shari'ar, yara barci za su yi.

Faifai na biyu na gwada ƙafa goma da hannu, yana tsalle daga haƙora. Ba zan sa shi ba.

Asabar, 15 ga Fabrairu

Gwaji da yaran gida da na maƙwabta, su tara. Na yi bayanin barcin hunturu: wata biyar ko kusa a rami, ba ci, ba sha, ba fitsari, ba bayan gida, bugun zuciya ya sauko daga 40 ko 50 a minti zuwa wajen 8. Cikin wannan barcin uwa take haihuwa, a Janairu ko Fabrairu, ɗan bai kai rabin kilo ba, ido a rufe. Ɗan ƙanwata mai shekara shida ya ɗaga hannu: "Kawu, ba ya fitsarin kwance?" Na ce ba ya yi. Ya juya ya dubi yayarsa da ke tsokanarsa kullum, bai ce komai ba. Inna daga bakin ƙofa ta ce, "Wannan azumi ba sahur ba buɗa baki, Allah ya raba mu."

Kuskurena: magana ta yi yawa. Na cika kowane shiru, yara suka daina kallon bango suka koma kallona. Zan zubar da sulusin rubutun.

Farar ƙasa da mai shafe bango, 6,000.

Asabar, 22 ga Fabrairu

An yi. Bayan isha'i, tabarmi shida, mutane sun fi yadda na zata, har masu shayi suka matso da teburinsu. Hayar lasifika da makirufo 7,000, fetur 4,000.

Maganar uban dage ta karɓu, sai da na jira dariya ta lafa. Wajen susa na yi shiru kamar yadda na tsara, wani matashi ya tashi yana kwaikwayo da jikin falwaya. Da na kawo zancen titi da burodi ta taga, wani dattijo ya ce da ƙarfi, "To ina motocin?" Na ce, "Baba, suna bayan mai kyamara." Ya ce, "Ashe su ma sun iya."

Inda ban shirya ba shi ne ƙarshe, da uwar ta kora 'ya'yan bisa bishiya kamar yadda ta saba in akwai haɗari, ta juya ta tafi ba ta dawo ba. A rubuce ina da bayanin cewa baƙin beyar yana rabuwa da 'ya'yansa suna da kamar shekara ɗaya da rabi, lokacin da uwar za ta sake ɗaukar ciki. Na fara karantawa, na ji wajen mata ya yi tsit, wata ta ce "wayyo" a hankali. Na ajiye takardar na bar kiɗan ya ƙarasa. Sai da fitila ta mutu na faɗi dalilin, ban san ko an ji ba.

Fim ya tsinke sau ɗaya a Grizzly!, minti huɗu ina haɗi da tocilan a baki. Ba wanda ya yi ƙorafin jan launi sai wani yaro da ya tambaya ko ƙasar Amurka ja ce kamar ta hanyar ƙauyensu. Rabin mutane sun watse kafin in kai maganar juji. Baffa ya yi gaskiya. Ya kuma ce na fi mai majigin zamaninsu sani, amma wancan ya fi ni murya.

Alhamis, 27 ga Fabrairu

Jimillar kuɗi zuwa yau 208,000. Salatif saura 12, kwan fitila ɗaya tak, babu na canji.

Zafi ya fara leƙowa, kuma shi ne abokin gabar gwangwanayen. Na tambayi uwargida ko za ta ba ni ƙasan firji, ta ce in zaɓa tsakanin beyar da ƙanƙarar buɗa baki. Na sa biyun masu lafiya a ɗakin ƙasa na Inna, wanda ya fi ko'ina sanyi a gidan, a kwance, nesa da bango.

Bayan salla: in ɗauki hoton faifai na biyu ɗaya bayan ɗaya da waya kafin ya gama motsewa, ko da na wuraren da suka fi muhimmanci ne, don ajiyar kaina. In sa ɗan baffana ya nemo kwan fitila biyu da salatif. Na kuma roƙe shi ya sa ido ko zai ga Kingdom of the Ice Bear na BBC, na 1985, ko a kaset ne, don yara sun ce sai sun ga farin. In kaset ɗin Amurka ya samo, sai na nemi bidiyo mai karanta nasu tsarin, tamu ba za ta karɓa ba. Dattijo mai gyara ya ce yana da ɗaya a ƙarƙashin tebur, kanta ne kawai ya ci.